Saƙon da Aka Bar wa Auta

An yi wani mutum, mai gyaran kwamfuta. Shagonsa yana ƙarƙashin matakalar wani bene, tsakanin mai sayar da waya da wani tsoho mai gyaran agogo. Wuri ne matsattse. Tebur ɗaya, fitila mai lanƙwasasshen wuya, fanka da ƙararta ta fi iskarta yawa, sai matattun kwamfutoci jere a kan kanta har rufi. Kowa a layin Injiniya yake ce masa, kuma ya ci sunan. Kwamfutar da wasu suka ce ta mutu, in ta kwana a teburinsa sai ta tashi.

Ba mashayi ba ne. Ba ya caca, ba ya tauye wa kowa haƙƙi a ciniki, sallah ba ta wuce shi. Da za a ce ku nuna mai zunubi a layin nan, ba shi za ku nuna ba.

Amma yana da wani filash ja, ɗaure a jikin makullansa.

Ya 'yan uwa, ga wanda bai sani ba: kowace kwamfuta tana da babbar manhajar da ke tuƙa ta, kuma masu manhajar sayar da lasisinta suke yi. In ba a biya ba, kwamfutar za ta yi aiki, amma wani rubutu fari-fari zai fito a kusurwar ƙasa yana cewa a sa lasisi. Ba ya gogewa. Komai ka buɗe, yana nan a kansa. To a cikin filash ɗin Injiniya akwai wata 'yar manhaja da ya sauko da ita daga intanet, wadda ke ruɗin kwamfuta ta ɗauka an biya. Bai san wanda ya rubuta ta ba. Bai taɓa tambaya ba. Ya raɗa mata suna Ɗan Sauƙi.

Ɗan Sauƙi yana da sharaɗi ɗaya: ba ya shiga sai an kashe manhajar tsaro, wadda Injiniya ke kira mai gadi. In mai gadi na farke, zai yi ihu ya jefar da shi waje. Saboda haka Injiniya yakan kashe mai gadi, ya shigar da Ɗan Sauƙi, sannan ya sake kunna mai gadin, amma sai ya ja masa kunne a cikin saiti: wannan lungun, kada ka ƙara leƙa shi. In mai kwamfuta ya zo ɗauka, sai ya yi masa huɗubar da yake yi wa kowa.

"In ka ga jan akwati ya fito yana gargaɗi, kada hankalinka ya tashi. Danna inda aka ce a ƙyale. Kishi ne kawai irin na kamfani."

Tsoho mai agogo yakan ɗago kai, gilashinsa manne a ido ɗaya. "Injiniya, yau ma an raba lasisin Allah-ya-isa?"

"Haba Baba. Masu manhajar nan, abin da ke zubewa daga aljihunsu a kujerar mota ya fi shagona da naka. Ba su ma san an yi ba."

Sai a yi dariya. Shi ma ya yi. Shekaru ana haka, babu abin da ya faru, kuma rashin faruwar ne ya zame masa hujja.

Mutumin nan yana da yaya mace. Ita ta goya shi bayan rasuwar mahaifiyarsu. Ita ta sayar da kekenta na ɗinki ta kai shi koyon aiki. Har ya yi gemu, in ya shiga gidanta sai ta dubi ƙafarsa ta ce, "Ɗan ƙanena, har yanzu ba ka koyi wanke safa ba?"

Mijinta malamin lissafi ne a wata sakandare. Mutum ne marar yawan magana, mai tsantseni. In biron makaranta ya biyo shi gida cikin aljihu, washegari sai ya mayar. Yana da kwamfuta ta cinya da yake shirya darussa a kai, kuma da lasisinta na gaskiya ya saye ta. Injiniya ya sha tsokanarsa a kan haka. Malam murmushi kawai yake yi.

Sai ciwo ya kama Malam, irin wanda likita ke sauke murya kafin ya faɗi sunansa. Da ya ga jikin ba na tashi ba ne, ya kira manyan 'ya'yansa ɗaya bayan ɗaya, ya faɗa musu abin da zai faɗa, ido cikin ido. Saura ƙaramar, Auta, wadda a lokacin ko magana ba ta gama iyawa ba. Me za ka faɗa wa yarinyar da ke tauna maɓallin rigarka?

Sai ya sa aka jingina masa matasai, aka ɗora masa kwamfutar a cinya. Ya ɗauki bidiyo biyu da kyamararta. Na farko na kowa da kowa ne: yana ba da labarin yarintarsa, yana tsokanar matarsa, yana rera wa Auta waƙar da yake rarrashinta da ita, da muryarsa da ba ta taɓa iya waƙa ba. Na biyu ya ce a fita a ja masa ƙofa. Ya daɗe a ciki. Da ya gama ya ce wa matarsa, "Wannan na Auta ne. Kada kowa ya buɗe, har ke. In ta girma ta yi hankali, ki ba ta. Kuma kada a zuba su a waya, a yi ta yawo da ni hannu-hannu."

Ta riƙe masa wannan alkawari. Bayan ya rasu, ba ta taɓa buɗe na biyun ba.

Na farkon kuwa ya zama abincin gidan. In kewa ta taso, sai su zauna a tabarmar falo a kunna. Auta ta taso ta san mahaifinta a cikin gilashin nan: mutum mai farar riga, ramamme, mai dariya. Takan ba shi amsa in ya yi tambaya, duk da ta haddace abin da zai ce.

Injiniya ya ba yayarsa shawara mai kyau, a faɗi gaskiya. Ya kawo mata ƙaramin faifan ajiya, ya ce duk ƙarshen mako ta jona shi da kwamfutar, komai zai kwafu a kai, ko da wani abu ya sami ɗaya, ɗayan na nan. Ta riƙa yi ba fashi, kamar shan magani.

Wata rana kwamfutar ta ƙi tashi. Babban allon da ke cikinta ya ƙone. Injiniya ya samo wani ya sa, ta tashi, bidiyoyin suna nan lafiya. Amma da aka sauya allon, manhajar ta ɗauka wata kwamfuta ce daban, lasisin Malam ya sauka. Farin rubutun ya fito a kusurwa.

Da suka kunna bidiyon a gida, rubutun ya zauna daidai kan aljihun rigar Malam.

Auta ta sa yatsa tana gogewa. "Mama, wa ya yi wa Baba rubutu a riga?"

Washegari yayar ta zo shagon da kwamfutar naɗe cikin tawul. Ta ƙi zama.

"Ka cire masa abin nan. Amma ɗan ƙanena, na gaskiya za ka sa. Ka san halin mai ita. Ko nawa ne ka faɗa mini."

"Yaya, ni zan karɓi kuɗinki? Mayar da jakarki."

"Ba kuɗin nake ji ba. Na gaskiya na ce."

"Na ji. Je ki, ki dawo da la'asar."

Ya 'yan uwa, ku lura da nan, domin nan ne wurin. Lasisin Malam bai mutu ba. Yana nan a wajen masu manhajar, da sunansa. Abin da ake bukata shi ne a zauna, a nemo bayanan sayen, a bi matakan mayar da shi kan sabon allon. Aiki ne na haƙuri, ba na kuɗi ba. Injiniya ya san haka sarai. Amma a ranar teburinsa cike yake, mutane na tsaye a bakin ƙofa, ga kuma jan filash yana lilo a jikin makulli. Ya yi shi sau ba adadi. Hannunsa ya riga tunaninsa.

Ya kashe mai gadi. Ya shigar da Ɗan Sauƙi. Ya hana mai gadi leƙa lungun. Rubutun ya ɓace.

Don ya tabbatar rubutun ya tafi har a kan bidiyo, sai ya danna fayil ɗin da ya fi kusa da hannunsa. Bai duba suna ba. Fuskar Malam ta cika gilashin, kusa ƙwarai, yana gyara zaman kwamfutar. Ya yi tari, ya yi 'yan kalmomi. Nan take Injiniya ya gane na Auta ne, ya rufe da sauri. Ya kiyaye wannan amanar. Ɗayar ya riga ya ci.

Da la'asar ta dawo. Ta dubi kusurwar, fes.

"Na gaskiyan ne?"

"Na gaskiya ne, Yaya."

"Allah ya yi maka albarka. Allah ya ba ka masu yi maka."

Ya ce amin. Bakinsa bai yi nauyi ba.

Wanda ya rubuta Ɗan Sauƙi, don Allah ya rubuta? Mutumin da ya zauna ya ɓata basirarsa wajen fasa makullin wani, ya raba wa duniya kyauta, bai san ka ba, bai nemi godiyarka ba, me yake ci? Kuma wane irin baƙo ne wanda ba ya shiga gidanka sai ka sallami mai gadi? Ɗan Sauƙi ya cire rubutun, wannan gaskiya ne. Amma ya bar wata ƙofa a buɗe ta baya, kuma duk lokacin da kwamfutar ta hau intanet yakan sanar da iyayengijinsa cewa ga shi nan, yana jira. Irin waɗannan mutane ba sa gaggawa. Sukan tara gidaje da yawa tukuna.

Watanni suka wuce. Wata safiya ta ƙarshen mako yayar ta jona faifan ajiya kamar yadda ya koya mata. Sai jan akwati ya fito. Mai gadi, duk da an ɗaure masa ido ta gefe ɗaya, ya hango wani abu yana shigowa, ya yi ihu. Ta tsorata ta kira ƙanenta. Yana tsakiyar liƙe wata waya da dalma, ya maƙale wayarsa a kafaɗa.

"Wani jan abu ya fito, da rubutu da yawa."

"Danna inda aka ce a ƙyale, Yaya."

"Ka tabbata? Ko in kawo maka?"

"Ki taso tun daga can saboda wannan? Danna kawai. Ba komai ba ne."

Ta danna. Ta tafi ta ɗora tukunya.

Da ta dawo, hoton da ke fuskar kwamfutar ya sauya. Baƙi ne, da rubutu. Kowane fayil ya koma farin abu marar fuska, mai dogon suna. Darussan Malam, hotunan yara, bidiyon farko, bidiyo na biyu. Faifan ajiyar da ke jone, shi ma haka. Rubutun ya ce an kulle komai, mabuɗin na hannunsu, a biya su kafin wa'adi.

Ta zo shagon ba ta ko sauya takalmin wanka ba. Ta ajiye masa a tebur. Ba ta yi kuka ba. Ta ce, "Ka gyara." Tana da yaƙinin zai gyara. Ai shi ne Injiniya.

Ya duba sau ɗaya. Ya san abin. Ya sha karanta labarinsa a kan wasu.

Ya gwada duk abin da ya sani. Ya cire faifan ciki ya sa a wata kwamfutar. Ya bi shi da manhajojin tono abin da aka goge. Babu. Ya kai wa waɗanda suka fi shi, masu ofis da na'urori. Suka duba suka ce wannan ba lalacewa ba ce da za a gyara, kulle ne na lissafi, in babu mabuɗin ko shekara nawa za a yi ba zai buɗu ba. Suka ce kada ya biya, domin babu tabbas. Ya fita ya sayar da babur ɗinsa da na'urar aikinsa mafi tsada, ya biya. Ya zauna gaban gilashi yana jiran mabuɗi. Wa za ka kai wa ƙara in ɓarawo ya saɓa alkawari? Shafin da ya tura kuɗin ma, bayan 'yan kwanaki, ya ɓace.

Kafin nan sauran sun fara zuwa. Mai ɗaukar hoto da aikinsa na shekaru ya kulle. Wata ɗaliba da ke gab da miƙa kundin bincikenta. Mai kemis da aka shiga asusunsa. Duk kwamfutocin da jan filash ya taɓa shiga. Suka cika ƙarƙashin matakalar suna ɗaga murya, wani ya ci kwalarsa. Tsoho mai agogo ne ya raba, kuma tun daga ranar bai sake tsokanarsa ba. Wannan shirun ya fi masa zagin ciwo.

Amma duk wannan mai sauƙi ne a kan zuwa gidan yayarsa.

Ya same ta a tsakar gida tana shanya. Ya ajiye kwamfutar a kan kujera, ya durƙusa kamar yaro. Ta gama shanya rigar da ke hannunta, ta sa mata maƙalli, sannan ta juyo.

"Tambaya ɗaya zan yi maka. Ranar nan, na gaskiyan ka sa?"

Ya sunkuyar da kai.

Ya so ta zage shi. Ya so ta ɗaga hannu ta mare shi, kamar yadda ta taɓa yi sanda yana ƙarami ya ɗauki abin da ba nasa ba. Ba ta yi ba.

"Da ka ce mini ba ka da lokaci, da mun zauna da rubutun. Rubutun bai hana mu jin muryarsa ba." Ta ɗauki bokiti. "Na binne shi sau ɗaya, na ɗauka shi ke nan."

Auta ta fito da gudu ta rungume wuyansa. "Kawu! Ka gyara Baba?"

Ya 'yan uwa, wace amsa ce a nan?

Yayar ba ta kore shi ba. Ba ta kai ƙararsa wajen dangi ba. In ya zo tana zuba masa abinci, ta tambayi iyalinsa. Sai dai ba ta sake ce masa ɗan ƙanena ba. Injiniya take ce masa, kamar mutanen layi.

Shagon ya mutu a hankali. Wa zai kawo maka kwamfutarsa bayan wannan? Ya saki wurin, wani mai sayar da caja ya karɓa. Ya koma gyaran fanka da dutsen guga a wata rumfa a bakin titi. Abu ɗaya ya taho da shi daga tsohon shagon: faifan kwamfutar Malam, naɗe cikin leda, a ƙasan akwatin kayan aikinsa. Lokaci-lokaci yakan ji an ce an kama wasu masu irin wannan ta'asa an saki mabuɗansu, sai ya je ya gwada. Ba nasa ba ne. Malam yana ciki, da muryarsa da tarinsa da duk abin da ya faɗa. Ba a goge shi ba. Yana nan a hannunsa, ba ya dai buɗuwa.

Auta ta girma. Muryar mahaifinta ta dushe mata a kunne, har waƙar ta koma sai yadda mahaifiyarta ke rera ta. Da ta yi hankali, uwar ta zaunar da ita ta faɗa mata cewa an bar mata saƙo, ta kuma faɗa mata abin da ya same shi. Ba ta ɓoye komai ba, ba ta ƙara komai ba.

Wata rana da hantsi yana kwance wata fanka, sai inuwa ta rufe masa haske. Budurwa ce da jakar makaranta, da idanun Malam sak.

"Kawu, ina kwana."

Ya rasa inda zai sa hannunsa. Ya share mata benci da gefen rigarsa.

"Mama ta ce kwamfutar ta yini a wurinka. Ba faɗa na zo yi ba, Kawu. Ko ka taɓa buɗewa? Ko kaɗan?"

Shekaru yana ɗauke da kalmomin nan, bai faɗa wa kowa ba. Ya ce mata ya buɗe bisa kuskure, ya rufe nan da nan.

"Me ya ce?"

"Ya gyara kwamfutar. Ya yi tari. Sai ya ce, 'Yana ɗauka? To. Autata, gyara zama, maganar da tsawo.'"

Ta gyara zama a kan bencin, ba ta ma san ta yi ba. Tana kallon bakinsa.

"Sai me?"

"Shi ke nan. Nan na rufe."

Motoci na wucewa. Sannan ta ce, "Sake faɗa mini." Ya sake. Ta motsa leɓɓanta tana bin sa, ta tashi, ta yi masa sallama da ladabi, ta tafi. Gadonta ke nan daga bakin mahaifinta.

Ya 'yan uwa, mutumin nan bai fasa shagon kowa ba. Abin da ya ɗauka ba ya da nauyi a hannu, shi ya sa bai kira shi sata ba. Ya ce masu shi mawadata ne, kamar dukiyar mawadaci halal ce ga wanda ya iya ɗauka. Daga nan ya saba. Da ya saba, sai ya koya wa mutane su toshe kunne daga gargaɗi. Ranar da aka ba shi amana mafi tsada a gidansu, hannunsa ya yi abin da ya saba yi, bakinsa kuma ya rufa masa da ƙarya.

Da yawa a cikinmu akwai irin wannan baƙo a kwamfutocinmu yanzu haka, a gida da ofis da makaranta. Muna cewa ai shekara da shekaru ba abin da ya faru. Shi ma haka ya ce. In kana da hali, sayi na gaskiya. In ba ka da hali, akwai manhajojin da masu su suka halatta wa kowa kyauta, nemi mai sani ya sa maka. In wannan ma ya gagara, zauna da farin rubutun a kusurwa, bai taɓa cinye wa kowa komai ba. Duk abin da ya ce sai ka kashe tsaro kafin ya shiga, ya riga ya faɗa maka ko shi wane ne. Kai kuma mai gyara, abin da ake ajiye maka a tebur ba ƙarfe da gilashi ba ne kawai. Ba ka san muryar wa ke ciki ba.

Ƙofar tuba a buɗe take, kuma muna kyautata zaton Ubangiji ya karɓi tasa. Amma tuba ba ta buɗe faifan ba.

Allah ya kiyaye mu daga zunubin da muka raina har ya zame mana sana'a. Allah ya kiyaye amanar da ke hannunmu daga hannunmu. Ya jiƙan Malam, ya ba Auta haƙurin sauran maganar da ba ta ji ba. Amin.